Gift Ngoepe: jiran shekara takwas da rabi, wasa 41 a babban fili

A daren Laraba 26 ga watan Afrilu na shekara ta 2017, a birnin Pittsburgh na ƙasar Amurka, wani saurayi ɗan shekara 27 ya ɗauki sanda ya tsaya a gaban Jon Lester, ɗaya daga cikin gwanayen jifa na wasan besbol, wanda ƙungiyarsa ta Chicago Cubs ke riƙe da kofin zakarun Amurka a lokacin. Lester ya jefo ƙwallo, saurayin ya maka mata sanda, ta ratsa tsakiyar fili, shi kuwa ya sheƙa da gudu ya taka zangon farko lafiya lau. A wurin ƴan kallo da suka saba, wannan bugu ne irin wanda ake gani sau da dama a kowane dare. Amma abokan wasansa sun miƙe tsaye suna tafi da sowa, mai horarwa da ke tsaye a zangon farko kuma ya rungume shi, domin kuwa wannan saurayi, Mpho Gift Ngoepe na ƙasar Afrika ta Kudu, shi ne mutum na farko da aka haifa a doron nahiyar Afrika da ya buga wasa a babban rukunin besbol na Amurka, wanda ake kira MLB.

Bayan shekara ɗaya da ƴan kwanaki, zamansa a wannan rukuni ya ƙare. Duka-duka wasa 41 ya buga, bayan ya share shekara takwas da rabi yana jiran a buɗe masa ƙofa.

Mai karatu zai iya tambaya: mene ne ruwanmu da wasan da ba a yi a unguwanninmu, wanda ko a talabijin ba kasafai muke ganinsa ba? Dalilinmu shi ne, a shirin wasanni na gidan rediyonmu da wuya mako ya wuce ba mu sami saurayi ya bugo waya yana tambayar hanyar da zai bi ya fita waje ya buga ƙwallo ba. Sunayen da yaranmu suka sani na waɗanda suka kai ne suka kuma daɗe a sama. Labarin wanda ya kai, ya ɗan taɓa, aka dawo da shi, ba a cika ba da shi ba, alhali kuwa irinsu sun fi yawa nesa ba kusa ba. Shi ya sa muka ga ya dace mu kawo muku labarin wannan bawan Allah daga farko har inda yake.

Yadda ake wasan

Kafin mu shiga cikin labarin, bari mu ɗan yi bayanin wasan domin waɗanda ba su san shi ba. Ƙungiya biyu ke karawa, kowace da mutum 9. Ƙungiya ɗaya tana bugu, ɗayar tana tsaron fili, sannan su yi musanya. Idan kowace ta yi bugu ta yi tsaro, an yi turmi ɗaya ke nan, kuma turmi 9 ake yi a wasa.

A cikin filin akwai zango huɗu da aka jera kamar kusurwoyin ɗaki, tsakanin kowane zango da na gaba akwai mita 27 da ɗoriya. Na huɗun shi ake kira gida, kuma a nan mai bugu yake tsayawa da sandarsa. Mai jifa yana tsaye a kan wani ɗan tudu da ke nesa da shi da mita 18 da ɗan kai, yana jefo ƙwallo mai tauri wadda ba ta wuce girman lemun zaƙi ba. Idan mai bugu ya maka wa ƙwallo sanda sai ya ruga zangon farko, masu tsaro kuwa su yi ƙoƙarin cafe ta tun tana sama, ko su tsince ta su jefa wa ɗan'uwansu da ke zangon kafin mai gudu ya iso. Wanda ya zagaye zangunan duka ya dawo gida ya ci wa ƙungiyarsa maki ɗaya. Wanda ya san langa zai gane dabarar: kowa ƙoƙarinsa ya isa gida kafin a kashe shi. Idan kuwa mai jifa ya yi wa mai bugu jifa uku masu kyau bai iya bugawa ba, ya fita ke nan.

Wahalar tana wajen bugu. Gwanayen jifa suna sako ƙwallo da gudun kilomita 150 a awa ko fiye, ta yadda ba ta cika rabin daƙiƙa kafin ta iso, wani lokaci kuma su murɗa ta ta karkace ana dab da bugunta. Saboda haka ɗan wasan da ke samun bugu mai kyau sau 3 cikin 10 gwani ne da ake ji da shi. Mai karatu ya riƙe wannan lissafi, domin a kansa ne labarin Gift zai tsaya.

Yaron ɗakin ƙungiya

An haifi Gift ranar 18 ga Janairun 1990 a Pietersburg, garin da a yau ake kira Polokwane, a arewacin Afrika ta Kudu. Bai cika wata ɗaya a duniya ba aka saki Nelson Mandela daga gidan kaso, ranar 11 ga Fabrairu. Sunansa Mpho a harshen Sotho yana nufin kyauta, kamar yadda Gift ke nufi a Turanci. Da a wajenmu ne da Kyauta za mu kira shi.

Mahaifiyarsa, mace mai ƙaramin ƙarfi, ta tafi neman aiki a Randburg da ke gefen birnin Johannesburg, inda ta sami aikin shara da dafa abinci da kula da ginin wata ƙungiyar besbol ta ƴan sa-kai mai suna Randburg Mets. Aka ba ta wani ɗan ɗaki a jikin ginin, wanda bai kai mita 3 ba ta kowane ɓangare, kuma a cikinsa ta zauna da ƴaƴanta. Filin wasan shi ne tsakar gidansu. Yaro ya buɗe ido ya ga ana jifa ana bugu a ƙofar ɗakinsu, ya fara da tsinto ƙwallo yana mayarwa, har masu horarwa suka lura da hannunsa suka sa shi cikin yara.

A Afrika ta Kudu besbol ƙaramin wasa ne idan aka kwatanta da ƙwallon ƙafa da zari-ruga da kurket, kuma a wancan zamani akasarin masu yinsa farar fata ne. Duk da haka ƙasar ce kan gaba a nahiyarmu: ta je gasar Olamfik ta Sidni a 2000, ta kuma ci zinare a wasannin Afrika da aka yi a Abuja a 2003. Gift ya taso yana buga wa ƙungiyoyin matasa na ƙasarsa, har aka gayyace shi sansanin horo da hukumar MLB ke shiryawa a Tirrenia ta ƙasar Italiya domin matasan Turai da na Afrika, inda tsohon gwani Barry Larkin na cikin masu koyarwa. A can ne masu farautar ƴan wasa na ƙungiyar Pittsburgh Pirates suka gan shi, suka sa hannu da shi a 2008 a kan dalar Amurka 15,000, wato kimanin sefa miliyan 7 a canjin wancan lokaci. Shi ne baƙar fata na farko daga Afrika ta Kudu da ya sa hannu da wata ƙungiyar MLB.

A watan Maris na 2009, yana ɗan shekara 19, ya buga wa ƙasarsa a gasar duniya ta besbol a birnin Meksiko. An lallasa Afrika ta Kudu, amma a karawarsu da masu masaukin baƙi sau biyu Gift yana bugun da ya kai shi zango na uku kai tsaye, abin da ko manyan gwanaye ba kasafai suke yi a wasa ɗaya ba. Jaridun Amurka suka fara ambaton sunansa, mutane da dama kuma suka ɗauka hanya ta miƙe. Hausawa dai sun ce hangen Dala ba shiga birni ba ne.

Tsani mai hawa da yawa

Sa hannu da babbar ƙungiya a besbol ba ya nufin an shiga babban rukuni. MLB tana da ƙungiyoyi 30, ɗaya daga cikinsu a Kanada, kuma a zamanin Gift kowace ƙungiya mutum 25 kaɗai take riƙewa a sama a mafi yawan kakar wasa. Ƙarƙashin kowace akwai ƙananan ƙungiyoyi hawa-hawa a ƙananan garuruwa, inda ake ajiye ɗaruruwan matasa ana gwada su. Wanda ya yi kyau a ɗaga shi hawa ɗaya, wanda ya gaza a sallame shi, kuma kowace shekara ana kawo sababbi da ke neman gurbinsa. Mafi yawan waɗanda suka sa hannu ba sa taɓa ganin babban rukuni ko da na yini ɗaya.

Misali yana kusa. A shekarar da Pirates suka ɗauki Gift sun ɗauki wasu samari biyu daga Indiya, Rinku Singh da Dinesh Patel, waɗanda suka fito daga wata gasar jifa ta talabijin. An yi ta yayata labarinsu har aka yi fim a kansu a 2014, amma babu wanda ya kai sama a cikinsu. Rinku daga baya ya koma kokawar nishaɗi ta Amurka.

Shi kuwa Gift ya hau tsanin taki ɗaya-ɗaya. Ya fara daga Bradenton a jihar Florida a 2009, ya bi ta State College da West Virginia, ya sake komawa Bradenton a hawa na gaba, sannan Altoona, har ya isa Indianapolis a 2015, wanda shi ne hawa na ƙarshe kafin sama. Rayuwa a waɗannan ƙungiyoyi ba irin wadda ake gani a talabijin ba ce. A zamaninsa ana wasa kusan kullum daga Afrilu zuwa farkon Satumba, ana tafiyar awoyi a cikin bas daga gari zuwa gari, samari da yawa su haɗu a gida ɗaya domin rage kuɗin haya, wasu kuma iyalan garin ne ke ba su masauki. A wancan lokaci albashin ƙananan hawa bai wuce dalar Amurka 1,100 da ɗan abin da ba a rasa ba a wata, kuma a watannin wasa kaɗai ake biya. Idan aka juya shi zuwa sefa sai a ga kamar kuɗi ne, amma a Amurka haya da abinci sun isa su cinye shi, shi ya sa da yawa daga cikin ƴan wasan ke neman ƙwadago idan kaka ta ƙare. Sai a 2022 ƴan wasan ƙananan rukunoni suka sami ƙungiyar ƙwadago, a 2023 kuma aka ƙulla yarjejeniyar farko da ta ɗaga mafi ƙarancin albashin hawa na ƙarshe daga dalar Amurka 17,500 zuwa 35,800 a shekara. Kafin wannan gyara ya zo Gift ya riga ya gama nasa zamanin.

Tun da wuri masu horarwa suka san abin da yake da shi da abin da ya rasa. A wajen tsaro, musamman a tsakanin zango na biyu da na uku inda ƙwallo ta fi zuwa da zafi, an sha bayyana shi a matsayin wanda ya fi kowa hannu a cikin dukan matasan Pirates. A wajen bugu kuwa da saura. Yaran Amurka da na Jamhuriyar Dominika da Benezuwela da yake gogayya da su sun taso suna fuskantar jifa mai zafi tun suna ƙanana, abin da shi bai samu ba a Randburg. Ya yi shekaru yana bugu ta dama da ta hagu, daga baya ya tsaya a kan dama kaɗai ko a sami sauƙi.

A shekara ta 2013, yana Altoona, labari ya iso masa cewa mahaifiyarsa ba ta da lafiya. Ya bar wasa ya koma gida, kuma a wannan shekarar ta rasu. Matar da ta share ɗakin ƙungiya ta ciyar da shi ba ta ga ranar da ake jira ba. Shi da kansa ya faɗa daga baya cewa ya yi tunanin ajiye sanda gaba ɗaya. Amma ya koma, a ƙarshen 2015 kuma Pirates suka sa shi cikin jerin mutum 40 da za a iya kira sama a kowane lokaci. Ƙanensa ma, wanda suka taso a ɗaki ɗaya, ya sa hannu da Pirates ya buga a ƙananan rukunoni.

Ranar da aka kira shi

Sai da ya buga wasa sama da 700 a ƙasa kafin kiran ya zo, kuma ba don ya yi wani abin mamaki a wannan mako ba. Ɗan wasan Pirates mai tsaron zango na uku, David Freese, yana fama da ciwon cinya, ana bukatar wanda zai iya toshe gurbi a tsaro. Haka ƙofar take buɗewa ga mafi yawan irinsu Gift: ciwon wani shi ne rabon wani. Domin a samar masa wuri sai da aka mayar da wani ƙasa, Dovydas Neverauskas, wanda kwana biyu kafin nan ya kafa nasa tarihin a matsayin ɗan wasa na farko da ya taso a ƙasar Lituwaniya ya buga a MLB.

Gift ya shiga wasan ne a turmi na huɗu yana tsaron zango na biyu, a cikin turmin kuma ya yi bugun da muka ambata a farko. Pirates suka ci Cubs 6 da 5. Ya shaida wa ƴan jarida bayan wasan cewa sai da ya yi ta ce wa kansa kada ya yi kuka. A lokacin da ya yi bugun dare ya riga ya raba a Afrika ta Kudu, an shiga 27 ga Afrilu, wato Ranar Ƴanci, ranar da ake tunawa da zaɓen 1994 wanda baƙar fata suka fara jefa ƙuri'a tare da kowa. Shekara 70 ke nan kuma da ƴan kwanaki bayan Jackie Robinson ya karya shingen wariyar launin fata a babban rukunin besbol, ranar 15 ga Afrilun 1947.

Bayan kwana biyu, a birnin Miami, aka fara wasa da shi tun daga turmin farko. Sau biyar ya tsaya bugu, sau biyar yana isa zango: bugu uku masu kyau, ɗaya har zango na uku, sau biyu kuma mai jifa ya kasa saita shi aka ba shi zangon farko kyauta. A wannan mako babu gidan jaridar wasanni a Amurka da Afrika ta Kudu da bai ɗauki labarinsa ba. Mafi ƙarancin albashi a babban rukuni a 2017 dalar Amurka 535,000 ne a shekara, sama da sefa miliyan 300, sai dai ana lissafa shi ne da kwanakin da mutum ya yi a sama. Ranar da aka mayar da shi ƙasa, ranar albashin ke komawa na ƙasa.

Komai nisan jifa

Masu jifa na MLB ba sa barin baƙo ya daɗe yana cin kasuwa. Kowace ƙungiya tana da ma'aikata da aikinsu shi ne kallon hotunan bidiyo suna neman inda mai bugu yake da rauni, kuma da sun gano, kowa zai riƙa jefo masa irin ƙwallon da ba ya iyawa. Cikin ƴan makonni bugun Gift ya yi sanyi. A ƙarshen watan Mayu aka mayar da shi Indianapolis, bayan wasa 28, inda ya sami bugu 12 masu kyau cikin 54. Ba a sake kiransa ba a wannan shekara.

A watan Nuwamba na 2017 Pirates suka miƙa shi ga ƙungiyar Toronto Blue Jays ta Kanada. Ya fara kakar 2018 a sama, a nan ma saboda mai gurbin, Troy Tulowitzki, yana jinya. Wasa 13 ya buga, bugu ɗaya tak ya samu cikin 18. A farkon watan Mayu aka cire sunansa daga jerin ƴan wasan sama, ya koma ƙaramar ƙungiyarsu ta Buffalo, a watan Agusta kuma aka sallame shi. Idan aka haɗa lissafin shekarun biyu, bugu 13 ne cikin 72, wato bai kai 2 cikin 10 ba, kusan rabin tsayuwarsa kuma da jifa uku aka fitar da shi. Bai taɓa buga ƙwallo ta tsallake katangar fili ba a babban rukuni. Babu wanda ya ce hannunsa ya gaza a tsaro, amma a wannan mataki ba a riƙe mutum don tsaro kaɗai idan sandarsa ba ta magana.

Amurkawa suna da suna ga irin wannan gajeren zama. Sukan ce mutum ya sha kofin gahawa, ma'ana bai daɗe a sama ba sai gwargwadon abin da za a kurɓe kofi ɗaya a tashi. A cikin mutum sama da 20,000 da suka taɓa bugawa a babban rukuni tun 1876, kusan 1,000 wasa ɗaya tak suka yi. Wanda aka fi sani a cikinsu shi ne Archibald Graham, da ake wa laƙabi da Moonlight. Ranar 29 ga Yunin 1905 ƙungiyar New York Giants ta sa shi a fili a ƙarshen wasa, aka tashi kafin layin bugu ya zo kansa, kuma ba a sake sa shi ba har abada. Graham dai yana karatun likita a lokacin da yake wasa. Ya je wani ƙaramin garin masu haƙar ma'adinai mai suna Chisholm a jihar Minnesota, ya yi kimanin shekara 50 yana duba marasa lafiya da ƴan makaranta kafin ya rasu a 1965. Mutanen garin da likitansu suke tunawa, labarin wasan kuwa sai da wani littafi da wani fim na 1989 suka tono shi.

Bayan an kashe fitilu

Gift bai ajiye sanda nan take ba. Ya tafi Ostiraliya ya buga wa ƙungiyar Sydney Blue Sox, a 2019 ya sake gwada ƙananan rukunoni da Philadelphia Phillies da kuma tsohuwar ƙungiyarsa Pirates, sannan ya shiga ƙungiyoyi masu zaman kansu waɗanda ba su ƙarƙashin MLB, a Lancaster ta Amurka da kuma birnin Kebek na Kanada. Waɗannan wurare ne da tsofaffin hannu ke zuwa da fatan wani zai sake tunawa da su. Kiran bai sake zuwa ba. A 2023 ya koma aikin horarwa, inda ƙungiyar Arizona Diamondbacks ta ɗauke shi ya riƙa koyar da matasanta a ƙananan rukunoni, wato ya koma gindin tsanin da ya hau, wannan karon yana riƙe wa wasu.

Akwai abin da tsarin Amurka ya tanada wanda ya kamata hukumomin wasanninmu su duba. Tun daga 1980, sakamakon gwagwarmayar ƙungiyar ƴan wasa, duk wanda ya yi kwana 43 a jerin ƴan wasan babban rukuni yana da haƙƙin wani kaso na fansho idan ya tsufa. Kwanakin Gift a ƙungiyoyin biyu sun haura wannan adadi. Kason mai kwanaki kaɗan ba shi da yawa, amma haƙƙi ne a rubuce, ba alfarma ba. Mu kuwa nan mun san tsofaffin ƴan ƙwallo da ƴan kokawa da suka cika filaye da jama'a a zamaninsu, waɗanda a yau sai an yi musu karo-karo idan ciwo ya kwantar da su.

Ƙofar da ya buɗe kuma ba ta rufe ba. A 2019 wani ɗan Afrika ta Kudu, mai jifa Tayler Scott, ya buga wa Seattle Mariners a babban rukuni. A 2022 ƙungiyar Los Angeles Dodgers ta sa hannu da samari biyu daga Yuganda, ƙasar da yaranta suka fara wakiltar Afrika a gasar duniya ta ƙananan yara a Amurka tun 2012. Masu farautar ƴan wasa da a da ba su ga dalilin sayen tikitin jirgi zuwa nahiyarmu ba, yanzu suna da misalin da za su nuna wa shugabanninsu.

Abin da ya rage mana

To jama'a, shin Gift ya ci riba ko ya faɗi? Wanda ya dubi takardar lissafi kaɗai zai ce bugu 13 ba abin a-zo-a-gani ba ne. Mu a ganinmu yaron da ya tashi a ɗakin mai shara, a ƙasar da wasan ba shi da gata, ya je ya tsaya cikin mutum 750 da suka fi kowa iya wannan wasa a duniya, ba za a ce ya faɗi ba. Sai dai ya kamata mu faɗa wa yaranmu dukan labarin, kada mu tsaya a daren tafi da sowa. Wannan mutum ya bi halattacciyar hanya, ta sansanin da hukumar wasan da kanta ta shirya, da takarda a hannu, da ƙungiyar da ta yi haƙuri da shi kusan shekara goma. Yana da baiwa, yana da naci, bai yi wasa da horo ba. Duk da haka abin da ya samu a sama bai cika wata uku ba, ya kuma sauko yana ɗan shekara 28, da sauran rayuwa mai tsawo a gabansa.

Idan haka ta kasance ga wanda ya bi ta ƙofa, ina ga yaron da wani dillali ya karɓi kuɗin gonar ubansa da alkawarin gwaji a Turai ko ƙasashen Larabawa, babu takardar gayyata daga wata ƙungiya, babu tikitin dawowa? Mun ga irinsu sun dawo ba ƙwallo ba karatu, wasu kuma kunya ta hana su dawowa. Ba muna cewa a hana yaro wasa ba. Wanda Allah ya ba ƙafa ko hannu a bar shi ya gwada, domin sai an gwada akan san na ƙwarai. Abin da muke roƙon iyaye da masu horarwa na unguwa shi ne su tambayi takarda kafin su saki kuɗi, su je hukumar wasan ta ƙasa su tabbatar da wanda ya zo musu, kuma kada a cire yaro daga makaranta ko daga wajen koyon sana'a saboda an ce yana da ƙafa. Graham ya sami likitanci ya dogara da shi, Gift ya sami aikin koyarwa saboda ya san wasan ciki da waje kuma ya zauna lafiya da mutane. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Ga samarinmu masu bugo mana waya kuwa, amsarmu ita ce ku ci gaba da atisaye, amma duk wanda zai tafi ya tambayi kansa tun yana gida abin da zai yi ranar da mai horarwa zai kira shi ofis ya ce masa an gode. Wannan rana tana zuwa ga kowane ɗan wasa, wani bayan shekara 15, wani bayan wasa 41, wani kuwa tun bai taka filin ba. Allah ya ba mai rabo sa'a, ya kuma sa wanda ya tafi ya dawo gida da mutuncinsa.